Kam ɗaya, tagwaye, ruwa-biyu ko bainari: wane baka ya dace da kai?

Ƙanena da ke Kaduna ya turo mini hotunan bakuna biyu a waya, ya zagaye wata lamba a jikin kowanne da jan layi: 320 da 345. A ƙasa ya rubuta, "Yaya, ai na biyun ya fi ko?" Lambar ta gudun kibiya ce, wato ƙafa nawa take ci a sakan ɗaya. Ban ga laifinsa ba, don ni ma shekarar da na fara harbi a nan Amurka ita kaɗai nake dubawa, kamar mai sayen mota da bai san komai a cikinta ba sai agogon gudu. Na mayar masa da tambaya: ranar da bakan ya kauce daga saiti, wa zai gyara maka shi a Kaduna? Sai ya yi shiru. Daga nan muka shafe kusan mako muna magana a kan faifan nan da ke ƙarshen rassan baka, wanda ake kira kam, domin shi ne ke yanke yadda baka zai ji a hannu, da gudunsa, da irin wahalar da zai ba ka idan ya fara tsufa.

Bakan maharbanmu, na itace da tsirkiya, halinsa ɗaya ne: gwargwadon yadda ka ja shi, gwargwadon yadda yake ƙara nauyi. Inda ya fi nauyi kuwa shi ne daidai wurin da kake so ka tsaya ka auna. Shi ya sa maharbi ba ya daɗewa a ɗane, da ya ja sai ya saki. Wani mutumin jihar Mizuri mai suna Holless Wilbur Allen ne ya juya wannan lissafi. Ya datse ƙarshen rassan bakansa ya ɗaura musu gargare, ya nemi rajistar mallakar fasahar a 1966, aka ba shi a 1969. Dabarar ita ce ƙarfen da faifan ke juyawa a kansa ba a tsakiyar faifan yake ba, a gefe yake. Saboda haka nauyin yana zuwa maka tun farkon ja, yana tsayawa a sama na ɗan lokaci, sannan da faifan ya kifa sai nauyin ya zube, ka samu kanka riƙe da ɗan abin da bai taka kara ya karya ba.

Kalmomi uku ne za ka riƙa ji a bakin duk mai harbi da irin wannan baka, kuma in ba ka san su ba, kwatanta kam ba zai yi maka ma'ana ba. Ta farko ita ce ragin nauyin nan, ni ina ce masa rangwame. Ana faɗinsa da kashi cikin ɗari. Baka mai nauyin laba 70, kusan kilo 32 ke nan, idan rangwamensa kashi 80 ne, laba 14 kawai za ka riƙe a ƙarshen ja. Ta biyu, Turawa suna ce mata kwari, irin na tsakanin duwatsu, ba na zuba kibau ba. Shi ne ɗan filin da ke ƙarshen ja inda nauyi ya sauka. In kwarin na da faɗi, kana iya ɗan sassauta hannu ba abin da zai faru. In siriri ne, ko numfashi ka saki ba daidai ba sai tsirkiya ta fizge ka gaba. Ta uku ita ce bango, wato inda jan ya tsaya cak. Wani bakan bangonsa kamar na siminti, wani kuma kamar katifa, kana ja yana ɗan bin ka.

Kam ɗaya

Wannan shi ne mafi sauƙin ganewa. Kam yana ƙasa, a sama kuwa wili ne zagayayye da ba ya komai sai juyawa. Matt McPherson na kamfanin Mathews ne ya fito da shi a 1992 da sunan Solocam, kuma ya mamaye kasuwar mafarautan Amurka na shekaru masu yawa. Dalilin ba boyayye ba ne. Bakuna masu kam biyu na wancan zamani igiyoyinsu, wato waɗanda ke lanƙwasa rassa ban da tsirkiyar da ake ja, suna miƙewa, yau ka daidaita gobe ɗaya ya riga ɗaya juyawa. Idan kam ɗin guda ne, da wa zai saɓa?

Kada dai wannan ya ruɗe ka ka ɗauka ba ya buƙatar kulawa. Tsirkiyar kam ɗaya doguwa ce ƙwarai, don daga kam take tashi, ta hau sama ta zagayo wilin, ta sake dawowa kam ɗin. Kusan ninki biyu ke nan na tsirkiyar sauran bakuna, kuma doguwar igiya ta fi gajeriya saurin saki. In ta saki, kam ɗin yakan kwanta ba a mazauninsa ba, tsawon ja ya ƙaru, ɗan ramin leƙen da ke jikin tsirkiya ya fara juyawa yana kallon gefe. Sai dai abin a hankali yake zuwa, kuma bakan yana ci gaba da harbi. Wannan haƙurin nasa shi ne babban abin da nake yaba masa.

Aibinsa biyu ne. Na farko, yawanci ya fi sauran jinkiri, galibinsu suna tsakanin 310 da 330. Na biyu ya fi muhimmanci: tun da sama wili ne ƙasa kuma kam, ba dole ba ne ɓangarorin tsirkiya biyu su saku daidai da juna, sai gindin kibiya ya ɗan yi sama ko ƙasa a yayin da ake tura ta. Da kan kibiya na atisaye mai santsi ba za ka lura sosai ba. Ranar da ka ɗaura kan farauta mai reza, wanda fikafikansa ke kama iska, a nan ne za ka ga kibiya ta faɗi wani wuri daban. Na yanzu an gyara wannan matsala sosai, amma tsofaffin da ake sayarwa na hannu wasunsu suna da ita.

Jan kam ɗaya yana da laushi, kuma ba shi da ƙara. Har yanzu kamfanoni irin su Bear da PSE suna yin sa a bakunansu masu matsakaicin farashi, kamar Adapt da Stinger. Bakan Genesis ma, wanda ake koya wa yaran makarantu harbi da shi a shirin da aka fara a jihar Kentaki a 2002, kam ɗaya ne, sai dai shi ba shi da rangwame ko kaɗan, an yi shi ne don yaro da babba su ja baka ɗaya.

Tagwaye

Kam biyu iri ɗaya sak, ɗaya sama ɗaya ƙasa. Kowanne yana da igiyarsa da ke tafiya ɗaya reshen, ta rabu biyu kamar gwafa ta kama gefe da gefe. Wannan shi ne tsohon tsari, kuma a hannun gwani babu wanda ya fi shi karɓar saiti, don ƙafafun gwafa huɗu gare shi, kowace ana iya murɗa ta a miƙar da kam ɗin da ya karkata. Amma kowane kam zaman kansa yake yi. Igiya ɗaya ta ɗan miƙe, shi ke nan taimin ya tafi, kamar yadda makanikai ke faɗa a kan inji.

A nan ne na fara ganin abin da ido. Wani dattijo mai shagon baka ya ɗora bakana a kan katako mai ɗauke da winci, yana murɗawa a hankali har ya kai ƙarshen ja, ya ce in matso. A jikin kowane kam akwai ɗan tudu da ke dukan igiya ya tsayar da ja. Na saman ya riga ya manne, na ƙasan kuwa akwai tazarar da tsinken ashana zai shige. Ɗan wannan gibin ne ya sa na shafe wata guda ina jin bangon bakana kamar sau biyu yake tsayawa, kibau kuma suna tarwatsewa sama da ƙasa ina zargin hannuna. Ya sa bakan a injin matsewa, ya murɗa igiya ɗaya sau ɗaya tak, ya mayar. Aikin bai kai minti goma ba. Amma ka lura da abin da ya yi amfani da shi: injin matse baka. In babu shi, wannan minti goman ba ya yiwuwa.

A yau inda za ka fi haɗuwa da tagwaye shi ne bakunan koyo masu faɗin saiti, irin su Cruzer G2 na Bear, wanda ke tashi daga laba 5 zuwa 70, tsawon ja kuma daga inci 12 zuwa 30. Za mu dawo kansu.

Ruwa-biyu

Sunan da na sa masa ke nan, don ya ɗebo daga kam ɗaya ya ɗebo daga tagwaye. Kam biyu ne amma ba iri ɗaya ba. Na ƙasa shi ke ɗaukar aikin lanƙwasa rassa, na sama kuma bin sa yake yi yana daidaita sakin tsirkiya, da wata igiya da ta haɗa su. Gwafa ɗaya ce, a sama. Kamfanin Darton ne ya fara bin wannan hanya, amma Hoyt ne ya yayata ta da Cam & ½ a 2003. Abin da ya sa aka karɓe shi: ya ba da miƙaƙƙiyar tafiyar kibiya irin ta tagwaye, kuma ko taimin ya ɗan kauce ba ya fushi da sauri kamar su. An yi ta tallarsa da cewa ba ya buƙatar taimin sam. Wannan kam zancen 'yan kasuwa ne. Yana buƙata, sai dai ba kullum ba.

Ruwa-biyu ya nuna cewa sunan tsari ba shi ke faɗa maka yadda baka zai ji ba. A cikinsa akwai masu laushi kamar man shanu, a cikinsa kuma aka samu Full Throttle na PSE da aka rubuta wa 370, wanda jansa sai namijin gaske, kwarinsa kuma kamar bakin wuƙa. Tsari ɗaya, hali daban. Abin da ya raba su shi ne siffar faifan. Wanda ya kusa zagaye yana ɗaukar nauyi a hankali ya sauke a hankali, amma ƙarfin da yake tarawa kaɗan ne. Mai kusurwa yana ɗora maka cikakken nauyi tun daga farko, ya riƙe ka a can har kusan ƙarshe, sannan ya sake ka farat ɗaya. Gudun da ake talla daga kafaɗarka ake cirarsa, ba daga sama yake faɗowa ba.

Bainari, da abin da ya biyo bayansa

A 2005 kamfanin Bowtech na jihar Oregon ya fito da tsarin da ya kira Binary. Kam biyu iri ɗaya kamar tagwaye, amma igiyoyin ba sa zuwa reshe. Daga kam suke tashi su sauka a kam. An ɗaure su da juna ke nan, ɗaya ba ya motsi sai da ɗan'uwansa, kamar shanun huɗa a ƙarƙashin karkiya ɗaya. Idan igiya ta miƙe, su biyun suke raba abin, maimakon ɗaya ya yi gaba ya bar ɗaya. Wannan ya sa yake riƙe saiti ya daɗe, yana da gudu, bangonsa kuma da ƙarfi. Mafi yawan manyan bakunan da ake yi a yau wannan hanya ko wadda ta yi kama da ita suke bi. Mathews da kansa, uban kam ɗaya, ya koma kam biyu a manyan bakunansa na farauta, irin Halon na 2016, Hoyt kuma ya bar ruwa-biyu ya koma bainari da kam ɗinsa na HBX a 2021. Idan masu abu suka sauya hanya haka, ai magana ta fito.

Amma ba a nan gizo ke saƙar ba. A kusan kowane baka mai kam, sai an janye igiyoyi gefe guda don kibiya ta samu hanyar wucewa, kuma wannan janyewar tana sa kam ya karkata. A tagwaye da ruwa-biyu gwafa ce maganin: ka ƙara murɗi a ƙafa ɗaya, ka rage a ɗaya. Bainari na asali ba shi da gwafa. In kam ya karkata har kibiya na fita da wutsiya a gefe, sai an matse bakan, an zare ƙarfen da kam ke juyawa a kai, an sauya 'yan washa sirara daga wannan gefe zuwa wancan, an mayar, an harba ta cikin takarda a ga yagar, in bai yi ba a sake. Aiki ne mai cin rai, kuma washa ɗaya ta faɗi ƙasa sai ka yi rarrafe kana nema.

Shekarun baya-bayan nan gasar kamfanoni ta koma kan wannan matsala, kuma a ganina nan ne ainihin ci gaban yake, ba a gudu ba. Bowtech ya kawo DeadLock, inda za ka kwance ɗan kusa, ka juya wani da alanki, kam ɗin ya matsa dama ko hagu, ka ɗaure. Ya ƙara da TimeLock don gyara taimin ta wannan hanya. Elite ya yi S.E.T. a 2020, shi kuma mazaunin reshe yake karkatarwa. Mathews ya zo da Limb Shift a bakansa Lift X. Prime tun farko wata hanya ya bi, ya raba tsirkiya gida biyu a kan kam don nauyin ya zauna a tsakiya. Duk manufar ɗaya ce: ka tsaya a gaban abin harbi da alanki a aljihu, ka yi saitin da a da sai an je shago. Ga wanda ke zaune inda shagon baka yake bayan gida, wannan jin daɗi ne kawai. Ga ƙanena a Kaduna kuwa, shi ne bambancin baka mai aiki da bakan ratayewa a bango. Matsalar dai kuɗi: bakunan da ke da waɗannan dabaru galibi su ne na saman layi, sun haura dala dubu tun kafin ka sayi ma'aunin saiti da kibau.

Mu koma kan 320 da 345

Ana auna lambar nan ne da sharaɗi uku: nauyin ja laba 70, tsawon ja inci 30, kibiya mai giren 350, wato kusan giram 23. Kaɗan ne ke harbi a haka. Kowane inci da ka rage a tsawon ja yana cin kusan ƙafa 10. Ƙara nauyin kibiya da giren uku yana cin kusan ƙafa ɗaya. Ɗan ramin leƙe da madaukin da ke kan tsirkiya su ma suna cin nasu. Ɗauki mutum mai jan inci 28 da laba 60, da kibiyar giren 420. Bakan da aka rubuta wa 345 zai ba shi wajen 280, wanda aka rubuta wa 320 kuma wajen 255. A nisan yadi 20, inda ake harbin barewar Amurka da yawa daga kan bishiya, bambancin isar kibiyoyin biyu kusan kashi biyu cikin ɗari na sakan ne kawai. Sauti kuwa yana cin sama da ƙafa 1,100 a sakan, ya ninka kowace kibiya sau uku ko huɗu. Dabba za ta ji ƙarar baka kafin kibiya ta iso, ko wane kam ka saya. Shi ya sa tsofaffin mafarauta suka fi damuwa da bakan da ba shi da ƙara a kan mai gudu. Inda gudu ke da rana shi ne a fili mai faɗi, irin na farautar babbar barewar da ake kira elk a yammacin Amurka, ko gasar harbin gumakan dabbobi da ba a faɗa maka nisa, domin kibiya mai gudu ba ta saurin sunkuyawa, kuskuren kintace bai cika cutar da kai ba.

Abin da na fi so mai saye ya duba kafin komai

Tsawon ja. Miƙe hannuwanka biyu, a auna daga kan yatsa zuwa kan yatsa da inci, ka raba da 2.5. Mai inci 70 zai samu 28. Kintace ne, amma yana kai ka kusa. Baka mai kam ba kamar na gargajiya ba ne da kowa ke ja iya hannunsa. A inda aka saita shi yake tsayawa, ko ya yi maka ko bai yi ba.

Bakana na farko na hannu na saya, daga wani da ban taɓa gani ba, don na ga araha. Kam ɗinsa na inci 30 ne, ni kuma 28 nake ja. Harbi na uku tsirkiya ta zabge ni a cikin damtse, wurin ya yi baƙi ya kumbura kamar an ɗora mini dutsen guga. Na kai shago a rage tsawon, aka ce wannan samfurin ba a rage shi, kowane tsawo da kam ɗinsa, kuma an daina ƙera su. Wata biyu na yi ina neman kam ɗin a kasuwar 'yan gwanjo, kuɗinsa da na sabuwar tsirkiya suka cinye arahar da na yi murna da ita.

Hanya uku ake bi wajen sauya tsawon ja, kuma wannan ya fi sunan tsarin kam muhimmanci ga mai saye daga nesa. Akwai wanda sai an sauya kam ɗin ɗungurungum, irin wanda ya cije ni, kuma bakuna da yawa na shekarun 2000 haka suke. Akwai wanda ake sauya ɗan ƙarfen da ke jikin kam, ana ce masa modul, kowane tsawo da nasa. Haka Mathews ke yi, kuma tun Vertix na 2019 modul ɗinsa na SwitchWeight har nauyin ja yake sauyawa. Ba a buƙatar injin matsewa, amma sai ka yi odar modul ɗin da ya dace. Na uku shi ne modul mai juyawa: ka kwance kusoshi biyu, ka matsar da shi zuwa ramin da ke da lambar da kake so, ka ɗaure. Ka tabbata sama da ƙasa lamba ɗaya ka sa, kuma ka matsar da abin tsayar da ja shi ma in daban yake. Masu neman kamala suna cewa modul mai juyawa yana asarar ɗan gudu idan aka saita shi a can ƙasan iyakarsa, kuma gaskiya ne. Amma asarar ƙafa biyar ta fi baka da ba ka iya ja.

Sai batun bango. Wasu kam igiya suke duka su tsaya, wasu reshe suke duka. Mai dukan reshe bangonsa ba ya motsi ko kaɗan, kuma Elite ya yi suna da wannan, tare da kwari mai zurfi. Mai dukan igiya yana ɗan bayarwa. Wanda ke matsa kunamar na'urar sakin tsirkiya da yatsa yakan so na farko, wanda kuma ke sakin kibiya ta hanyar ci gaba da ja da tsokar baya yakan so na biyu. Wannan sai ka ja da hannunka, ba wanda zai zaɓa maka.

Mafarauci da ɗan gasa ba abu ɗaya suke nema ba. Mafarauci yana iya jan baka, dabba ta tsaya a bayan kurmi, ya zauna a ɗane minti guda cikin sanyi, jiki ya sandare. Shi rangwame mai yawa yake so, 80 zuwa 90, da kwari mai faɗi. Laba 60 a kashi 85, laba 9 kawai yake riƙewa. Ya dai duba dokar inda zai yi farauta, don jihar Kolorado, alal misali, ta shafe shekaru tana hana wuce kashi 80, kam irin Evolve na PSE kuwa ana iya sauya rangwamensa tsakanin 80 da 90. Ɗan gasa kuwa akasin haka yake so. A ƙa'idar hukumar harbin kibiya ta duniya ba a wuce laba 60, ana harbi daga mita 50, kibau 15 a karawa ɗaya, maki 150 ne ƙoli, kuma a matakin su Sara López ta Kolombiya da Mike Schloesser na Holan maki ɗaya ke fitar da mutum. Su sukan zauna a kashi 65 zuwa 75, don nauyin da ke hannu shi ke kwantar da ma'auni ya hana shi rawa, tsirkiya mai tauri kuma ba ta bin ɗan kuskuren fuska ko na yatsa. Baka mai kam zai shiga gasar Olamfik a karon farko a Los Anjalis a 2028, a rukunin mace da namiji, don haka masu sha'awar wannan ɓangare za su ƙaru.

To, me na ce wa ƙanena? Shi ba farauta zai yi ba, harbin allo yake so a gonar wani abokinsa, kuma bai taɓa jan baka mai kam ba. Da yana kusa da shago kuma aljihu na da nauyi, da na ce ya ja bakuna uku ko huɗu ido rufe ya ɗauki wanda kafaɗarsa ta yarda da shi, ko wane tsari ne. Da ya ƙware kuma yana da kuɗin, da bainari mai saitin alanki zan nuna masa ba tare da dogon tunani ba. Ruwa-biyu ko tagwaye na gasa kuwa sai ga wanda ya mallaki injin matsewa kuma yana jin daɗin zama yana murɗa igiya. Kuma na gargaɗe shi kada ya kai wa mai walda hoto ya ce a ƙera masa injin. Rassan bakunan yanzu a ɗame suke ƙwarai, matsi ba a wurin da ya dace ba yana fasa reshe, yana kuma iya fasa fuska.

A matsayinsa na mai koyo, zaɓi biyu na ajiye masa. Ko baka mai faɗin saiti irin Cruzer G2, ko Edge 320 na Diamond, ko Dragon X8 na kamfanin Sanlida na ƙasar Sin, waɗanda zai fara da laba 30 ya riƙa ƙarawa yadda ƙarfinsa ya ƙaru. Bangonsu ba shi da tauri sosai, gudunsu ma ba na alfahari ba ne, amma za su koya masa harbi ba tare da sun lalata masa kafaɗa ba. Ko kuma kam ɗaya mai modul mai juyawa, saboda haƙurinsa. Zafin Kaduna na watan Maris da Afrilu ba wasa ba ne, kuma zaren Dyneema da ake tsirkiya da shi zafi na sa shi saki. Baka ya wuni a but ɗin mota a rana, ka dawo ka tarar saitin ya motsa. Ƙurar hunturu kuma tana taruwa a ramin da tsirkiya ke bi a jikin kam, ta riƙa cin naɗin zaren a hankali.

Ya zaɓi kam ɗayan, mai lamba 320 ɗin da ya raina da farko. Na ce ya fara zuwa wajen kwastan ya ji ƙa'idar shigo da shi kafin a biya ko sisi. Ranar da bakan ya iso hannuna, na kai shi shago aka saita shi a inci 28, na harba kibau wajen ɗari biyu don tsirkiyar ta gama miƙewar farko, aka sake duba shi. Sannan na ɗauki farin fenti na ɗiga alama a jikin kam daidai inda igiya ta ratsa shi, don duk ranar da ya ga alamar ta kauce ya san tsirkiya ta saki. A cikin akwatin na sa masa tsirkiya da igiya na ajiya, da kakin shafawa, tare da takarda cewa a zaren tsirkiya kawai ake shafa shi, ba a kan naɗin ba, kuma ko da wasa kada wani ya ja ya saki babu kibiya. Na ƙara da saitin alanki na inci, don kusoshin bakunan Amurka ba sa karɓar na milimita da ake sayarwa a Panteka.